Mulkin Ruwa da Amincin Jama'a a Tsakiyar Jihar Jigawa: Nazari a kan Kogin Haɗeja, Garki da Dutse

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce a tabbatar da cewa wahalar ruwa da ake sha a tsakiyar Jihar Jigawa, wadda takan zo wani lokaci da sifar ƙishirwa, wani lokaci da sifar ambaliya, wani lokaci kuma da sifar annoba ko husuma tsakanin manomi da makiyayi, asalinta guda ne, wato rarrabuwar iko a kan ruwa tsakanin hukumomi masu yawa, ta yadda mai yanke hukunci ba shi ke ɗanɗana cutarwar hukuncinsa ba, wanda kuwa cutarwar ke faɗa wa ba shi da mazauni a majalisar da ake yanke shi. Abin da ake nufi da mulkin ruwa a nan shi ne jimlar dokoki da hukumomi da al'adun da ke ƙayyade wanda zai sami ruwa, da gwargwadon da zai samu, da lokacin da zai samu, da wanda za a tuhuma idan aka yi ɓarna. Amincin ruwa kuwa, bisa ta'arifin da Grey da Sadoff suka bayar a 2007, shi ne samuwar ruwa mai isa, mai tsabta, domin lafiya da sana'a da muhalli, tare da tsare mutane daga sharrinsa gwargwadon hali.

An ƙirƙiro Jihar Jigawa daga tsohuwar Jihar Kano ranar 27 ga Agusta, 1991, aka mai da Dutse babban birninta. Tana da ƙananan hukumomi 27, kuma ƙidayar 2006 ta ba ta mutum fiye da miliyan 4.3. Wannan rabuwa ta haifar da wani al'amari wanda ba a cika lura da shi ba: manyan madatsun da ke sarrafa Kogin Haɗeja sun zauna a ƙasar Kano, fadamun da kogin ke shayarwa ko yake cinyewa kuwa suka koma ƙasar Jigawa, sai ga ruwan da dā gida ɗaya ke shawara a kansa ya zama abin rabo tsakanin maƙwabta.

2.0 Waiwaye a kan Ra'ayoyin Magabata

Masanan Turai sun kasu a kan dukiyar da jama'a suka yi tarayya a cikinta. Garrett Hardin ya tafi a 1968 a kan cewa duk abin da kowa ke da hannu a ciki ƙarshensa lalacewa, muddin hukuma ba ta ƙwace shi ba ko ba a mallaka wa ɗaiɗaikun mutane ba. Elinor Ostrom ta warware wannan da'awa a littafinta na 1990, inda ta kawo misalan al'ummomin da suka riƙe magudanan ruwa da makiyaya ɗaruruwan shekaru ba tare da sun ƙare ba, saboda iyakokinsu sanannu ne, masu amfani da abin su ne masu tsara ƙa'idarsa, akwai masu sa ido, akwai kuma horo mai hawa-hawa ga wanda ya saɓa. Taron Dablin na 1992 ya ƙara da cewa a riƙa tafiyar da ruwa bisa iyakar kwarin kogi tare da shigar masu amfani da shi, sa'an nan Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar a watan Yuli na 2010 cewa ruwan sha da tsabtar muhalli haƙƙi ne na ɗan Adam. Ta fuskar tsaro kuma, Thomas Homer-Dixon ya jingina tashe-tashen hankula ga ƙarancin albarkatu, Aaron Wolf da abokan aikinsa kuwa suka nuna daga tarihi cewa sulhu a kan ruwa ya fi yaƙi yawa nesa ba kusa ba, kuma inda aka yi rigima galibi rashin hukumar sasantawa ne ya jawo ta.

A kan kwarin Kogin Haɗeja, aiki mafi nauyi shi ne wanda Hollis da Adams da Aminu-Kano suka tattara a 1993 game da dausayin Haɗeja da Nguru, sai lissafin da Barbier da Thompson suka buga a 1998, wanda ya nuna cewa amfanin da ake samu daga kowane mudu na ruwa idan an bar shi ya malala a fadama, ta wajen noma da su da itace, ya rinjayi wanda ake samu idan an tare shi a manyan gonakin rani na sama. Sai dai waɗannan ayyuka sun fi karkata ga dausayi, ba su tsaya a kan ƙauyen tudu ko a kan birni ba.

Akwai kuma wata taska wadda manazartan zamani suka yi wa riƙon sakainar kashi, alhali ita ce mafi kusa da zukatan mutanen da ake magana a kansu, wato fiƙihu. Imam Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa hukuncin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, a kan magudanan Mahzur da Muzainib na Madina, cewa na sama ya tsare ruwa har ya kai idon sawu, sa'an nan ya sake shi ga na ƙasa. A littafin nan ne kuma aka hana riƙe rarar ruwa domin a hana dabbobi ciyawa, aka kawo ƙissar Sayyidina Umar da ya tilasta wa Muhammadu ɗan Maslama ya bar magudanar maƙwabcinsa ta ratsa gonarsa, tunda ba ta cutar da shi. Al-Mawardi, wanda ya rasu a 1058, ya kasa ruwa zuwa na koguna da na rijiyoyi da na idanu, ya ba kowanne hukuncinsa. A ƙasarmu kuma Shehu Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi talifi a kan rayar da matacciyar ƙasa da hurumi. Abin da ke fitowa daga waɗannan duka shi ne cewa na sama yana da fifikon farawa, amma fifikon nan yana da ma'auni, kuma ma'aunin abu ne da idon kowa ke iya gani.

3.0 Hanyar Nazari

An bi hanyar bitar rubutattun bayanai, wato dokokin ƙasa, da tarihin ayyukan ruwa, da binciken masana, da rahotannin ambaliya da annoba. An zaɓi wurare uku domin kwatance: gaɓar Kogin Haɗeja daga Ringim zuwa Guri, inda ruwa ke yawaita har ya cutar, ƙasar Garki, inda abin dogaro shi ne ruwan ƙarƙashin ƙasa, da birnin Dutse, inda yawan jama'a ya tsere wa famfo. A kowane wuri an yi tambayoyi uku: wa ke da iko, wa ke ɗaukar asara, kuma da wane ma'auni ake hukunci. An auna amsoshin da sharuɗɗan Ostrom da kuma ƙa'idar fiƙihu da aka ambata.

4.0 Nazari

4.1 Rarrabuwar Iko a Doka

Dokar soja ta 1976 ta kafa hukumomin raya koguna, cikinsu har da Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are mai mazauni a Kano, wadda ke ƙarƙashin gwamnatin tarayya. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasa a hannun gwamnan jiha. Dokar Albarkatun Ruwa mai lamba 101 ta 1993 ta mallaka wa tarayya duk ruwan da ya shafi jiha fiye da ɗaya, tsarin mulkin 1999 kuma ya tabbatar da haka. Ruwan sha na birane yana hannun hukumar ruwa ta jiha, na ƙananan garuruwa da na karkara kowanne da tasa hukumar, hasashen ambaliya na wata hukumar tarayya ne, agaji bayan ambaliya kuma na wata dabam. Sakamakon haka, ruwan da ke cikin kogi na tarayya ne, gaɓar da ya kwanta a kai ta gwamna ce, gonar da ya cinye ta talaka ce, mai unguwar da za a fara kai wa kuka kuwa ba shi da ko sisi na gyara. Ƙudurin dokar ruwa ta ƙasa, wanda aka so ya haɗe wannan warwatsi, ya sha faɗuwa a Majalisar Tarayya tun daga 2018, saboda zargin da wasu sassan ƙasa suka yi cewa hanya ce ta ƙwace musu gaɓar koguna.

4.2 Kogin Haɗeja: Madatsu, Kacala da Ambaliya

Kogin Kano da Kogin Calawa ne suke haɗuwa kafin Wudil su zama Kogin Haɗeja, wanda ke ratsa Ringim da Taura da Miga da Auyo da Haɗeja, ya rarrabu cikin dausayi, ragowarsa ta sadu da Kogin Jama'are kusa da Gashuwa a zama Kogin Yobe mai zuba a Tafkin Cadi. An kammala madatsar Tiga a 1974, zamanin Gwamna Audu Baƙo, an tsara ta ta ɗauki kusan kubik mita biliyan 2 na ruwa, an kuma kammala ta Calawa a 1992 mai ɗaukar sama da miliyan 900; su biyun ne ke sarrafa kimanin kashi 80 cikin ɗari na ruwan da ke shiga kogin. Babu mai adalcin da zai musanta alherinsu: da su birnin Kano ke sha ta matatun Tamburawa da Calawa, da su aka raya noman rani na Kadawa da Kura da Bunkure, da su kuma shinkafa da alkamar Auyo suka samu. An gina Tiga ne a tsakiyar farin 1972 zuwa 1974, lokacin da tsare ruwa ya kasance shi ne hankali.

Amma madatsa ba yawan ruwa kaɗai take canjawa ba, har da lokacinsa, kuma a nan ne ɓarnar ta ɓuya. Kafin Tiga, kogin yakan cika da damina ya malala a fadama, ya bar laka da kifi da danshi, sa'an nan ya ƙafe da rani har a taka yashinsa da ƙafa. A kan wannan juyi ne masunci da manomin shinkafa da mai shuka wake a bayan ruwa da makiyayi suka jera sana'o'insu, kowa da watanninsa, ba tare da an rubuta musu ba. Da aka tsare ruwan damina aka riƙa sakin sa kaɗan-kaɗan duk shekara domin gonakin rani, sai malalar ta ragu, daga fiye da murabba'in kilomita 2,000 wajen 1970 zuwa ƙasa da 1,000 a farkon shekarun 1990, ko da yake fari ma yana da nasa kason a ciki. A ɗaya ɓangaren kuma magudanan da dā suke bushewa suka zama ba sa rabuwa da ruwa marar zurfi. Wannan shi ne abin da ciyawar kacala ke so. Ta yaɗu ta toshe hanyoyin ruwa, ta tare yashi har gindin kogi ya ɗago, ruwa ya rinjaya zuwa magudanar Marma wajen Nguru ya kwanta a kan gonaki shekara da shekaru, alhali tsohuwar hanyar kogin da magudanar Burum Gana suna ƙishirwa. A cikin kacalar nan ne tsuntsayen jan-baki ke kwana su wayi gari a kan shinkafa da gero, a ruwanta kuma sauro da ƙwayar tsargiya suke hayayyafa. Ta haka ƙauyuka biyu da ke tafiyar yini ɗaya da juna suka zama ɗaya na kukan ruwa ya yi yawa, ɗaya na kukan babu, kuma illar duka daga ƙofa ɗaya ta fito.

Ambaliya ta auka wa wannan yanki a 2001 da 2010 da 2012 da 2018 da 2020, sa'an nan ta 2022, wadda ta halaka fiye da mutum 100 a Jigawa, fiye da 600 a ƙasa baki ɗaya. Ta 2010 ta cancanci a tsaya a kanta, domin a lokacin jami'an jiha sun ɗora laifi a kan buɗe madatsun, hukumar kogunan kuwa ta ce ruwan sama ne ya yi yawa har madatsun suka tumbatsa da kansu. Ba aikin wannan maƙala ba ne ta raba gardamar. Abin lura shi ne an iya yin gardamar tun farko. Da a ce akwai ma'aunai a Tiga da Calawa da Wudil da Ringim da Haɗeja waɗanda ake shelanta karatunsu kullum ga kowa, da magana ta ƙare a yini guda. Idon sawu, wanda shari'a ta sa ya zama iyaka a Madina, fa'idarsa ita ce na ƙasa yana iya zuwa ya gani da idonsa. Manomin Miga kuwa ba shi da abin da zai duba sai ruwan da ya riga ya shigo ɗakinsa. Ɓallewar madatsar Alau a watan Satumba na 2024, wadda ta nutsar da babban sashe na Maiduguri, ta ƙara nuna cewa lafiyar ginin madatsa ma al'amari ne da mutanen ƙasa da ita suke da haƙƙin sani.

4.3 Garki: Rijiya Mai Masu Haƙa da Yawa, Marar Mai Gyara

Garki, wadda ke cikin masarautar Ringim, tana arewa da kogin, a ƙasa mai rairayi ta gero da gyaɗa da riɗi, kuma ƙidayar 2006 ta ba ta mutum kimanin dubu 150. Ruwan samanta na 'yan watanni ne, tafkuna da kududdufai sukan ƙafe kafin bazara, saboda haka rayuwar mutum da dabba ta rataya a kan rijiya da burtsatse. A tsohon tsari rijiyar gari tana da uba: dagaci ko mai unguwa ne ke kiran gayya a yashe ta idan ta cushe, a ɗaure bakinta, a ware kwamin dabbobi, a kuma hana haƙa masai kusa da ita, abin da malamai ke kira harimin rijiya. Wanda ya ƙi fitowa gayya an san shi, kunya ma horo ce.

Famfon tuƙa-tuƙa da burtsatse mai aiki da hasken rana sun sauƙaƙa wahala ƙwarai, musamman ga mata da yara, waɗanda su ne ke ɗaukar tulu da jarka. Amma sun zo ta hannaye barkatai: hukumar ruwan karkara, da ƙaramar hukuma, da ɗan majalisa mai aikin mazaɓa, da ƙungiyoyin agaji na ƙetare, da attajiri mai neman sadaka mai gudana. Kowannensu yana da kuɗin haƙawa da na bikin buɗewa, kaɗan ne ke da kuɗin shekara ta uku, lokacin da roba ta cinye ko injin ya ƙone. Jama'ar gari kuma, da yake ba su aka yi shawara da su ba, suna kiran abin famfon gwamnati, su zauna jiran gwamnati. Idan jira ya yi tsawo sai a koma tsohuwar rijiya, wadda a lokacin an riga an yi watsi da yasarta. Sayyidina Usman, da ya sayi rijiyar Ruma ya yi waƙafinta, ya bar sunna wadda cikarta ita ce dawwamar amfani. Saboda haka mai haƙa burtsatse domin lada ya fi kusa da maƙasudinsa idan ya haɗa da abin da zai riƙa ciyar da gyaranta.

Akwai wani abin tarihi da ya sa Garki ta dace da wannan bahasi. Daga 1969 zuwa 1976 Hukumar Lafiya ta Duniya da gwamnatin Nijeriya sun gudanar da bincike a kan zazzaɓin cizon sauro a ƙauyukan gundumar, ana ɗibar jinin mutane kowane mako goma, ana ƙirga sauro gida-gida, har Molineaux da Gramiccia suka buga sakamakon a 1980, kuma har yau masana a duniya suna gina lissafinsu a kansa. Wannan hujja ce cewa awo mai ɗorewa yana yiwuwa a ƙauyen Garki idan an ɗauki abin da muhimmanci. Zurfin ruwan rijiya ya fi jinin mutum sauƙin aunawa, igiya da littafi sun isa. Kuma yanzu da injinan ban-ruwa da burtsatse suke ƙaruwa kowace shekara, sanin ko ruwan ƙasa yana sauka ko yana nan ya zama wajibi, domin malalar kogi da ruwan sama su ne ke mayar da abin da aka zuƙe.

4.4 Dutse: Birni a kan Fa

Dutse tana zaune a kan tsohon dutse wanda ba ya riƙe ruwa sai a tsaguwa da ruɓaɓɓen samansa, saɓanin arewaci da gabashin jihar inda rairayin kwarin Cadi ke ajiye ruwa mai yawa. Garin da yake hedikwatar ƙaramar hukuma kafin 1991 ya wayi gari da sakatariya da rukunan gidajen ma'aikata, aka ƙara masa jami'ar tarayya a 2011, famfo kuwa bai bi unguwanni da saurin da gini ya bi su ba. Mai hali ya haƙa burtsatse a gidansa ba tare da an tambaye shi zurfi ko tazara ba, marar hali ya koma ga 'yan garuwa, ya sayi jarka da tsadar da ta fi ta mai famfo, bai kuma san inda aka ɗebo ba. Annobar amai da gudawa ta 2021, wadda aka ƙirga fiye da mutum dubu 100 da ake zaton sun kamu da ita a Nijeriya, fiye da 3,000 suka rasu, Jigawa na cikin jihohin da ta fi tsananta a cikinsu. A watan Oktoba na 2022 aka ayyana jihar a matsayin ta farko da ta rabu da bahaya a fili, abin yabo ne na haƙiƙa. Sai dai yawaitar masai a ƙasar da ake shan ruwa marar zurfi yana mai da hukuncin harimin rijiya ya fi dā zama lalura.

Maganin da aka daɗe ana shiryawa shi ne babban aikin jawo ruwa daga Kogin Haɗeja a Sintilmawa ta ƙasar Ringim. Idan ya tabbata, Dutse za ta shiga layin masu jiran abin da aka sako daga Tiga da Calawa, kuma za ta sha daga kogin da majemun fata da masana'antun Sharaɗa da Calawa suke zubar da dagwalonsu a samansa. Ke nan amincin famfon Dutse zai rataya a kan hukuncin da ake yankewa a wata jiha.

4.5 Manomi, Makiyayi da Tsaro

Rigimar da akan yi a Guri da Kirikasamma lokacin kaka da farkon rani, sau da yawa akan fassara ta da ƙabilanci, alhali tushenta a fili yake. Fadama ita ce makiyayar rani da mashayar shanu tun kaka da kakanni. Da kacala ta cinye wani sashe, ƙananan injinan ban-ruwa kuma suka mai da sauran lambu, musamman bayan shirin Fadama na farkon shekarun 1990, sai burtali ya ƙuntata, hanyar zuwa ruwa ta bi ta tsakiyar albasa da tumatir. Dokar makiyaya ta Jihar Arewa ta 1965 ta tanadi hurumi, amma hurumin da babu mashaya a cikinsa ba ya tsare garke. Hukumar sasanta manoma da makiyaya da aka kafa zamanin Gwamna Sule Lamiɗo, tare da shata burtali da samar da ruwa a makiyaya, ta nuna cewa inda aka ba saniya wurin sha, aikin ɗan sanda yana raguwa. Wannan ya fi dacewa da ra'ayin Wolf bisa ga na Homer-Dixon.

Haka nan ya kamata a yi taka-tsantsan da maganar da ake yawan yi cewa ƙafewar Tafkin Cadi, daga kimanin murabba'in kilomita 25,000 a farkon shekarun 1960 zuwa kusan ushirinsa a shekarun 1980, ita ta haifi ta'addancin arewa maso gabas. Fitinar tana da sabubba na aƙida da siyasa da zalunci waɗanda ruwa ba ya bayyana su. Abin da za a iya tsayawa a kai shi ne cewa saurayin da su da noma da kiwo suka kuɓuce masa ya fi sauƙin ja. Kogin Yobe kuma iyaka ne tsakanin Nijeriya da jihar Difa ta Nijar, yana cikin ruwayen da yarjejeniyar Maiduguri ta 1990 ta wajabta wa ƙasashen biyu raba su da adalci.

4.6 Alkawarin Damaturu

A 2006 aka yi taro a Damaturu tsakanin gwamnatin tarayya da jihohi shida na kwarin, wato Kano, Jigawa, Bauci, Yobe, Borno da Filato, aka amince da tsarin kula da kwarin, aka kafa asusun amana, daga baya aka tsara daftarin yarjejeniyar ruwa. Shirin TRIMING na Bankin Duniya, wanda aka amince da shi a 2014, ya gyara magudanan Kano da na Haɗeja ya kuma ƙarfafa ƙungiyoyin masu ban-ruwa, gwamnatin Jigawa ma ta sayi injinan yasar kogi. Amma yanke kacala ba tare da canja yadda ake sakin ruwa ba aiki ne da za a maimaita kowace shekara, tunda sababin tsirowarta yana nan. A Kamaru, bayan madatsar Maga ta 1979 ta kashe fadamar Logon, an buɗe wa ruwa hanya da gangan a 1994, kifi da ciyawa da garkuna suka dawo. Masanan dausayinmu sun daɗe da ba da shawara irin wannan, cewa a saki ruwa mai yawa a lokacin da ya dace da damina, a kuma bar magudanai su bushe na wani lokaci da rani. Ilmi bai yi ƙaranci ba. Abin da ya rage shi ne wanda zai tilasta, domin alkawarin da babu alƙalin da za a kai ƙararsa yana ƙarewa da wa'adin waɗanda suka sa hannu. Batun madatsar Kafin Zaki a kan Kogin Jama'are, wanda Bauci ke nema, Yobe da Borno ke tsoro, zai dawo da wannan gardama sabuwa duk ranar da aka tashe shi.

5.0 Abin da ya Wajaba

Na farko kuma mafi girma, a rubuta ƙa'idar sakin ruwa daga Tiga da Calawa, wata-wata, da iyakar sama da ta ƙasa, majalisun dokokin jihohin shida su mai da ita doka, a kuma ba masarautun Ringim da Haɗeja, da sarakunan ruwa da na noma da arɗaɗɗan Fulani, kujera mai ƙuri'a a kwamitin da ke zartar da ita. A riƙa karanta ma'aunan kogi a rediyo da Hausa da Fulatanci kowace safiya daga Yuli zuwa Oktoba, kamar yadda ake karanta farashin hatsi. Kada a ba da izinin haƙa burtsatse na jama'a a Garki ko waninta sai an ambaci mai gyara da inda kuɗin gyara zai fito, a kuma ɗora wa kowace gunduma auna zaɓaɓɓun rijiyoyi sau biyu a shekara, da kaka da bazara. Malaman fiƙihu na Dutse da Ringim da Haɗeja su fitar da hukunce-hukuncen ruwa daga babukan littattafai zuwa mumbari, domin manomin da ya toshe burtali da attajirin da ya haƙa masai a jikin rijiyar maƙwabci sun fi jin wannan harshe. Ga gwamnatin Jigawa kuwa, tun kafin a ɗora bututun farko na Dutse a kan kogin, ta nemi a rubuta mata kasonta da ingancin ruwan da za a sako mata, a sa hannu a gaban shaidu.